Idan Rikici Ya Taso Kan Ranar Jarrabawar Likitanci: Yadda Ake Kai Jami'a Kotu a Najeriya

Ɗalibin likitanci da ya je wurin lauya ya ce yana so kotu ta ɗage jarrabawa don ajinsu bai shirya ba, ya yi asarar kuɗin mota. Babu alƙalin da zai zauna ya tsara wa jami'a jadawali. Abin da kotu take dubawa daban ne: shin jami'ar ta taka dokar da ita da kanta ta rubuta? Ta hukunta ɗalibi ba tare da ta ji ta bakinsa ba? Ta yi abin da dokar kafa ta ba ta ba ta ikon yi ba? Idan ba ka da amsar "e" ga ɗaya daga cikin ukun nan, kuma da takarda a hannu, to ƙararka ta mutu tun kafin a shigar da ita.

Wannan matsayi ya daɗe. A shari'ar Akintemi da Onwumechili ta 1985, ɗaliban Jami'ar Ife sun nemi kotu ta tilasta a saki sakamakonsu, Kotun Ƙoli ta ƙi, ta ce maganar jarrabawa ta cikin gida ce, tana hannun Majalisar Dattawan jami'a (majalisar malamai da ke kula da harkokin karatu) da Majalisar Gudanarwa da kuma wanda doka ta kira Mai Ziyara, wato Shugaban Ƙasa a jami'o'in tarayya, gwamna a na jihohi. A 2005, cikin shari'ar Magit da Jami'ar Aikin Gona ta Makurɗi, ta sake jaddada cewa kotu ba za ta maye gurbin Majalisar Dattawa wajen tantance wanda ya cancanci digiri ba. Lauyan jami'a da waɗannan biyun zai fara buɗe baki.

Amma ƙofar ba a rufe take ruf ba. A shari'ar Garba da Jami'ar Maiduguri ta 1986, Kotun Ƙoli ta soke korar ɗalibai saboda ba a yi musu adalcin sauraro ba; mataimakin shugaban jami'ar da tarzomar ta shafa shi ne ya jagoranci kwamitin binciken. A 2014 kuma, a shari'ar Jami'ar Ilorin da Adesina, kotun ta ce riƙe sakamakon ɗaliba ba tare da wani dalili ba ya wuce batun cikin gida, kotu tana da hurumin shiga. Tsakanin waɗannan biyu da waɗancan biyu ƙararka za ta nemi wurin tsayawa.

Me ya sa jarrabawar likitanci ta fi wuyar taɓawa

Kafin ka roƙi alƙali ya motsa rana, ka san abin da ke rataye da ranar. Jarrabawar MBBS, wato ta digirin likitanci, ba takarda da biro kaɗai ba ce. Akwai rubutacciya, akwai ta gwaji a ɗakin bincike, akwai ta baka, sannan a shekarun asibiti akwai ta gaban majinyaci. Ana gayyato malaman jarrabawa na waje daga wasu jami'o'i, farfesoshin da aka roƙa tun watanni, aka saya musu tikitin jirgi, aka kama musu masauki. A asibitin koyarwa kamar na Aminu Kano ko na Shika ko na Usmanu Danfodiyo a Sakkwato, ana ware ɗakunan kwanciya, a zaɓo majinyatan da ciwonsu ya dace da gwajin, wani mai kumburin saifa, wata mai maƙoƙo, a roƙe su su kwana ko su dawo da sassafe. A jarrabawar tasha-tasha da ake kira OSCE, ana kafa tebura a jere, ƙararrawa na kaɗawa bayan 'yan mintuna, ɗalibi ya matsa gaba, kowace tasha da malaminta. Ɗage irin wannan da mako guda yana nufin sake ɗinka komai daga farko.

Sannan akwai Hukumar Kula da Likitoci da Likitocin Haƙori ta Najeriya, MDCN, wadda ke ƙayyade yawan ɗaliban da kowace makaranta za ta ɗauka, ta sa ido kan jarrabawar ƙarshe, ta rantsar da waɗanda suka ci, ta ba su rijistar wucin gadi don aikin koyo na wata 12 a asibiti. Bayan ajinku akwai wani aji da ke jiran ku tashi daga ɗakunan kwanciya ya shiga. Tun bayan yajin aikin ASUU na 2022, wanda ya ɗauki wata takwas daga Fabrairu zuwa Oktoba, makarantu da yawa sun yi ta matse zango don su rage cunkoson azuzuwa, kuma daga nan ne yawancin rigingimun jadawali ke tasowa. Lauyan jami'a zai zayyana wa alƙali duk wannan a takardar rantsuwa, kuma alƙali zai saurara.

Tattara takardu tun ranar farko

Abu na farko shi ne kundin dokokin kwalejin likitanci, na shekarar da aka ɗauke ka da kuma wanda ake aiki da shi yanzu, don sau da yawa sun bambanta. Ka nemi sassan da suka yi magana kan tsawon kowane zango na asibiti, kwanakin bita kafin jarrabawa, sanarwar da ya wajaba a bayar, tazarar da ke tsakanin faɗuwa da sake zama, yawan damar da ɗalibi ke da ita kafin a sallame shi, da kason halartar darasi. Makarantu da yawa kashi 75 cikin ɗari suke nema kafin a bar ɗalibi ya shiga ɗakin jarrabawa, makin ci kuma 50 ne. Ka lura da lafazin dokar. Inda aka rubuta cewa kwaleji "za ta" yi abu, wajibi ne. Inda aka ce "tana iya", an bar mata zaɓi, kuma kotu ba ta cika tsoma baki a zaɓi ba.

Bayan kundin, sai kalandar karatu da Majalisar Dattawa ta amince da ita, da sanarwar farko ta jarrabawa, da sanarwar da ta sauya ta, da littafin sa hannun zangon asibiti, da rasit ɗin kuɗin makaranta. Tambayar da ta fi kowace amfani ita ce: wa ya sauya ranar? Idan Majalisar Dattawa ce ta tsayar da kalanda, sannan shugaban sashe ya sauya ta da saƙon WhatsApp ba tare da ta koma majalisar ba, ka sami igiyar kamawa. Idan kuwa shugaban jami'a ya amince da sauyin a madadin majalisar, kamar yadda dokokin jami'o'i kan ba shi dama a lokacin gaggawa, igiyar ta yi rauni.

Saƙon waya hujja ne, amma Sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 yana buƙatar takardar shaida da ke bayyana na'urar da aka ciro shi da yadda aka buga shi. Takardun hukuma kuma kwafin da aka tabbatar da hatimi ake so. Idan ofis ya ƙi ba ka, Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba hukumar gwamnati kwana bakwai ta amsa buƙata a rubuce. Ko ba su amsa ba, kwafin buƙatar taka ya zama hujjar cewa ka nema.

Ka fara da cikin gida, amma da agogo a hannu

Nan ne ɗalibai suka fi tuntuɓe. Wasu su garzaya kotu ba tare da sun rubuta wa kowa ba, alƙali ya ce sun yi riga malam masallaci. A shari'ar Jami'ar Ilorin da Oluwadare ta 2006, ɗaya daga cikin abubuwan da suka kayar da ɗalibin shi ne bai bi hanyar ɗaukaka koke ta cikin jami'a ba kafin ya tafi kotu. Wasu kuma su yi ta zarya ofis-ofis ana ce musu "ana dubawa" har ranar jarrabawa ta wuce.

Hanyar da ta fi ita ce wasiƙa ɗaya, gajeriya, zuwa ga shugaban kwalejin likitanci, da kwafi ga Rijistara da shugaban jami'a a matsayinsa na shugaban Majalisar Dattawa. A ciki ka kawo sashen dokar da aka saɓa da lambar shafinsa, ranar sanarwar farko, ranar ta biyu, abin da kake roƙo a jimla ɗaya, da wa'adin amsa, misali kwana uku na aiki idan jarrabawar ta matso. Ban da zagi, ban da barazana, ban da tarihin wahalar da kuka sha tun aji biyu. Ka kai kwafi biyu, ka tsaya a gaban teburin sakatare har ya buga hatimin karɓa a naka, da kwanan wata da sa hannu. Wannan hatimin mai shuɗin tawada shi ne zai nuna wa alƙali cewa ka nema an ƙi, kuma odar tilasta wa hukuma yin aikinta, wadda lauyoyi ke kira mandamus, ba ta samuwa sai an nuna nema da ƙi.

Idan matsalar ta karo da ranar Sallah ce ko lokacin Juma'a, da wuya ta kai kotu. Wasiƙa ta hannun ƙungiyar ɗaliban likitanci ko ta ɗalibai Musulmi takan isa, don gyaran sa'a biyu ba ya rushe tsarin kowa.

Lauya ya duba dokar da ta kafa jami'ar ko tana buƙatar sanarwar niyyar ƙara kafin a shigar. Wasu dokokin suna da wannan sharaɗi, kuma idan lauyan jami'a ya tayar da shi aka ga ba a cika ba, za a kori ƙarar ko da gaskiyarka ta kai girman dutsen Dala. Akwai kuma Dokar Kare Jami'an Gwamnati, wadda ta ba da wata uku kacal daga ranar da abin ya faru. Wasiƙun sulhu ba sa tsayar da wannan lissafin.

Wace kotu, ta wace ƙofa

Jami'ar tarayya, kamar Bayero ko Ahmadu Bello ko Maiduguri, hukumar Gwamnatin Tarayya ce, don haka ƙalubalantar matakinta na gudanarwa aikin Babbar Kotun Tarayya ne a ƙarƙashin Sashe na 251 na Kundin Tsarin Mulkin 1999. Jami'ar jiha kuma Babbar Kotun Jiha. Jami'a mai zaman kanta ita ma kotun jiha, sai dai a nan hujjar ta fi karkata ga yarjejeniya: ka biya kuɗi bisa sharuɗɗan da ke cikin kundi, sun saɓa. Kuskuren kotu ba ƙaramin abu ba ne, don duk abin da kotun da ba ta da hurumi ta yi, rusasshe ne.

Ƙofofin shiga uku ne, kuma zaɓen ya fi yadda ake zato muhimmanci. Ta farko ita ce neman kotu ta duba halaccin matakin hukuma. Ana fara neman izinin alƙali, cikin wata uku, sannan a shigar da ainihin buƙatar: a soke matakin, ko a hana aiwatar da shi, ko a tilasta yin abin da doka ta wajabta. Amfaninta shi ne alƙali yana iya cewa izinin da ya bayar ya zama dakatarwa ga matakin har a gama shari'a. Ta biyu sammacin neman fassara ne, wanda ya dace idan babu jayayya kan abin da ya faru, rigimar kawai kan ma'anar wani sashe na kundi ce. Da takardun rantsuwa ake yin sa ba tare da kiran shaidu ba, don haka yana da sauri.

Ta uku ita ce ƙarar tauye haƙƙin ɗan'adam a ƙarƙashin ƙa'idojin 2009, kuma ita ce tarkon da ya fi kama mutane, saboda tana da sauri kuma sunanta na da daɗin ji. Kotu takan tambaya: mene ne ainihin abin da ake nema? Idan ainihin buƙatar ita ce zama jarrabawa ko sakin sakamako, aka liƙa mata haƙƙin sauraro a gefe, za a ce an shigo ta ƙofar da ba daidai ba. Haka Kotun Ƙoli ta yi a shari'ar Oluwadare, haka kuma a ta WAEC da Akinkunmi a 2008. Kada kuma a dogara da "haƙƙin ilimi": Sashe na 18 yana cikin Babi na Biyu na Kundin Tsarin Mulki, wanda Sashe na 6(6)(c) ya hana kotu tilasta shi kai tsaye.

A sanya jami'ar da sunanta na doka a matsayin wadda ake ƙara, tare da shugabanta da Rijistara. Kwaleji ko sashe sau da yawa ba su da matsayin da za a kai su ƙara su kaɗai. Idan abin da ake nema zai shafi rijista ko rantsarwa, a sa MDCN, in ba haka ba odar ba za ta ɗaure ta ba.

Abin da za ka roƙa

Wannan shi ne wurin da ake cin shari'a ko a faɗi. A ɗauka aji mai ɗalibai 150, an cire sunan mutum shida daga jerin masu zama jarrabawar ƙarshe kwana goma kafin ranar, bisa zargin ƙarancin halarta, ba a kira su an ji bayaninsu ba, alhali littafinsu na zangon asibiti cike yake da sa hannun malamai. Lauya marar ƙwarewa zai roƙi a dakatar da jarrabawar gaba ɗaya. Alƙali zai auna mutum shida da mutum 144, da malaman waje, da majinyatan da aka tanada, ya ƙi. Lauyan da ya san aiki zai roƙi a bar mutum shidan su zauna tare da kowa, a riƙe sakamakonsu a rufe har a yanke hukunci. Wannan bai cutar da kowa ba. Idan jami'a ta yi nasara daga baya, sai a yar da takardun; idan ɗaliban ne suka yi, ba su rasa shekara ba.

Ko a Indiya, inda irin wannan ƙara ta yi yawa, ma'aunin ɗaya ne. A Agustan 2024 Kotun Ƙolin ƙasar ta ƙi ɗage jarrabawar shiga karatun ƙwarewar likitoci ta NEET-PG, tana mai cewa ba za a jefa makomar ɗalibai kusan dubu ɗari biyu cikin haɗari saboda masu ƙara 'yan ƙalilan ba. Amma a ƙarshen Mayun 2025 kotun ta umarci a yi jarrabawar a zama ɗaya maimakon kashi biyu, saboda takardu biyu ba za su zo daidai a wahala ba, abin da ya sa aka matsar da ita daga 15 ga Yuni zuwa 3 ga Agusta. A karon farko yawancin koken na rashin jin daɗin lokaci da wurin jarrabawa ne, a na biyu kuwa rashin daidaito ne da ya shafi kowa.

Ƙa'idojin odar wucin gadi a Najeriya suna cikin shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya ta 1989. Dole ka nuna akwai tambaya ta gaske da za a yi shari'a a kanta, cewa kai za ka fi cutuwa idan aka ƙi, cewa kuɗi ba zai rama asararka ba, kuma ba ka yi jinkiri ba. Asarar da kuɗi ba ya ramawa ka faɗe ta dalla-dalla: shekarar karatu, damar sake zama da za ta ƙare, rantsarwar da za ta wuce ka, ko shekara 30 da za ta cika maka kafin kammalawa ta hana ka bautar ƙasa. Za a kuma nemi ka yi alkawarin biyan diyya idan daga baya aka ga odar ba ta dace ba. Ɗalibai kan sa hannu a wannan ba su karanta ba. Idan odarka ta sa jami'a ta yi asarar tikiti da masaukin malaman waje, ana iya dawo maka da lissafin.

Roƙon da ake yi a bayan idon jami'a, ba tare da an sanar da ita ba, alƙalai suna ɗari-ɗari da shi, kuma ko an bayar na 'yan kwanaki ne. Gaggawar da kai ka jawo wa kanka ba gaggawa ba ce: wanda ya ga sanarwa mako biyar da suka wuce ya zo kotu ana gobe jarrabawa, za a tambaye shi ina yake tun lokacin. Abin da ya fi samuwa shi ne alƙali ya taƙaita wa'adi, ya ce a kai wa jami'a takardu yau, ta zo jibi ta faɗi dalilin da zai hana a ba da odar. Sau da yawa a wannan zaman ake sasantawa, lauyan jami'a ya yi alkawari a gaban kotu cewa za a bar su su zauna. A tabbatar an rubuta alkawarin a kundin kotu.

Ƙananan abubuwan da ke kashe ƙara

Takardar rantsuwa ta ƙunshi abin da ya faru kawai, da kwanan wata. Sashe na 115 na Dokar Shaida ya hana cusa muhawarar shari'a ko roƙo a ciki, kuma ana goge sakin layin da ya saɓa. Lauya ya sa hannu da sunansa na kansa, ba da sunan ofishinsa ba, don tun shari'ar Okafor da Nweke ta 2007 takardar da ofis ya sa wa hannu banza ce. A haɗa da takardar rantsuwar gaggawa don a kai fayil gaban alƙali da wuri. Idan rikicin ya faɗo cikin dogon hutun kotuna, wajen ƙarshen Yuli zuwa Satumba, sai an nemi izinin alƙalin hutu, kuma a Babbar Kotun Tarayya wannan na iya nufin tafiya Abuja.

Idan ƙarar a madadin aji ce, a samu sa hannun kowane ɗalibi da ya yarda, da lambarsa. Aji ba ya taɓa zama baki ɗaya kan ɗage jarrabawa: wanda ya shirya yana so a yi a wuce wurin. Lauyan jami'a zai iya kawo takardar wasu ɗalibai da ke cewa ba da yawunsu aka zo ba, kuma hakan na karya ƙara nan take. Ka kuma faɗi abin da ba ya goyon bayanka. Idan an taɓa yi maka gargaɗi kan halarta ka ɓoye, ranar da aka fito da takardar za a janye odar.

Idan jarrabawar ta riga ta wuce, kotu ba ta hana abin da aka gama. Sai a sauya roƙo: a ayyana cewa hana ka zama haramtacce ne, kada a lissafa shi cikin damarka, a ba ka zama na gaba a matsayin karon farko.

Bayan an samu oda

A karɓi kwafin odar mai hatimi a ranar, ma'aikacin kotu ya kai wa Rijistara da sashen shari'a na jami'a, a ajiye shaidar isarwa. Ka kai wani kwafin ofishin shugaban kwaleji da kanka, don mai tsaron ƙofar ɗakin jarrabawa jerin sunaye yake bi, ba ya karanta odar kotu, kuma a jarrabawar asibiti sai an ware maka lamba da majinyaci tun daren jiya. Idan aka ƙi bi, hanyar ita ce Fom 48, gargaɗin sakamakon raina kotu, sannan Fom 49 da ke kiran jami'in ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a tsare shi. Dole a miƙa su hannu da hannu ga jami'in da ake nufi. Jami'a na da kwana 14 ta ɗaukaka ƙara kan odar wucin gadi, wata uku kan hukuncin ƙarshe, kuma ɗaukaka ƙara shi kaɗai ba ya dakatar da oda sai an nemi dakatarwa an samu.

Akwai abin da oda ba ta iya yi. Malaman da ka kai ƙara su ne za su tsaya a kanka a gefen gadon majinyaci, kuma makin jarrabawar baka hukuncin ilimi ne da kotu ta riga ta ce ba ta shiga. Saboda haka lauya ya roƙa tun farko, cikin odar ko cikin sasantawar, cewa malamin waje ya kasance a duk tashar da masu ƙara za su bi, a kuma adana takardun makinsu a ofishin Rijistara har shari'a ta ƙare.